Ga mai tambaya kan rundunar Bhangi: kada Singh-Singh ɗin nan su kunyata ka yadda suka kunyata ni

Assalamu alaikum. Ƙanena, ina cin abinci na ga tambayarka, sai da na ajiye cokali. Ka ce an ba ka takardar semina kan rundunar Bhangi ta mabiya addinin Sikh da shugabanninta, saura mako uku, kuma duk littafin da ka buɗe Singh ke bin Singh har ka rasa wa ya haifi wa, wa ya gaji wa. Wallahi kamar ni na rubuta. Wannan maudu'in aka ba ni lokacin da nake digiri na biyu a Punjab ta Indiya, kuma har yau in na tuna ranar sai in ji cikina ya murɗa.

Malamin da ke duba aikina ya riƙe takardata kwana goma sha biyu. Sau huɗu ina zuwa ofishinsa cikin hunturun nan mai hazo da ba ka ganin mutum a gabanka. Ranar ƙarshe ya miƙo min ita da sa hannu, ya ce ta yi. Ko shafin farko bai buɗe ba, don ƙusar da na maƙale takardun da ita ko motsi ba ta yi ba. Ranar semina, ɗaki cike, ni kaɗai baƙar fata, na miƙe ina karantawa da ƙarfin gwiwa cewa Hari Singh na Bhangi ya kai hari Kasur a 1763, sannan ya rasu a yaƙin Jamrud a 1837. Sai mutumin nan, shi da ya sa hannu, ya ɗaga biro ya ce in faɗa wa jama'a shekarun Hari Singh ranar da ya mutu. Na tsaya ina lissafi da yatsu. Ashe mutum biyu na haɗa. Na Jamrud shi ne Hari Singh Nalwa, kwamandan Ranjit Singh, sarkin da ya kafa daular Sikh a Punjab. Na Bhangi, Hari Singh Dhillon, ya mutu tun wajen 1765. Da a nan ya tsaya da sauƙi. Ya juya shafi a gaban mutane, yana karanta abin da ya kamata ya karanta a ofishinsa, ya iske na rubuta cewa Gulab Singh na Bhangi ne ya sayi Kashmir a hannun Turawan Ingila a 1846. Wancan Gulab Singh na Jammu ne, Dogra, ko Sikh ma ba shi ba ne. Namu ya mutu tun 1800. Malamin ya cire tabarau ya ce, ko a ƙasarku matattu suna sayen fili? Aka yi ta dariya. Kuskuren nawa ne, ban musa ba. Amma kwana goma sha biyu fa! Na yafe masa don Allah, sai dai ban manta ba, kuma ranar da zan baro ƙasar ban je yi masa sallama ba.

Wanda ya cece ni wani dattijo ne mai rawani a ɗakin karatu. Ya iske ni na kifa kai a tebur, ya aika aka kawo shayi, ya jera kofuna uku. Ya ce wannan Amritsar, wannan Lahor, wannan Gujrat, duk sunan da na ci karo da shi in fara tambayar a wane kofi yake. Ka yi haka, ƙanena. Ka daina neman jerin sarauta guda, uba ya mutu ɗa ya hau, don Bhangi ba haka take ba. Ba ma dangi ɗaya ba ne. Taron mahaya dawakai ne, kowane sardar, wato shugaban mayaƙa, da yaransa da garuruwansa. Sunan irin wannan runduna misl, daga Larabci, tushensa ɗaya da misali ɗinmu, wato tsarar juna ne. Goma sha biyu ne irinsu, galibinsu a ƙarƙashin Dal Khalsa, haɗaɗɗiyar rundunar Sikh da aka tsara a Amritsar a 1748, kuma akwai lokacin da babu mai ƙarfin Bhangi a cikinsu.

Kofin Amritsar shi ne babban gida. Chhajja Singh na ƙauyen Panjwar ya kafa, Bhuma Singh ya biyo, sai Hari Singh, wanda ɗan ɗan'uwan Bhuma ne da ya riƙe kamar ɗa. Bayansa 'ya'yansa biyu, Jhanda Singh da Ganda Singh. A hannun Jhanda abin ya kai ƙololuwa, shi ya ci Multan a 1772. A 1774 aka harbe shi a rikicin gadon sarautar Jammu, kuma masu tarihi da yawa kan Jai Singh na rundunar Kanhaiya suka ɗora jinin, wai shi ya biya maharbin. Ganda bai daɗe ba, ciwo ya ɗauke shi yana tsakiyar faɗa da Kanhaiya kan Pathankot. Daga nan sai gangara. Timur Shah, ɗan Ahmad Shah Abdali sarkin Afganistan, ya ƙwace Multan a 1780.

Af, kafin in manta. Sunan ya samo asali ne daga bhang, wiwi da suke niƙawa su dama su sha. Ka rubuta shi ba kunya, haka yake a littattafai. Amma in Allah ya kai ka Indiya, kada ka riƙa furta Bhangi kai tsaye a mota ko a kasuwa. Akwai kalma mai irin wannan rubutu da ake zagin masu shara da kwasar masai da ita, zagi ne mai nauyi ƙwarai. Ni na faɗe ta a waya cikin bas ina yi wa abokina bayanin aikina, wata tsohuwa ta yi min kallon da sai da na sauka tun ban kai tashata ba. Ka haɗa da misl kullum.

Kofin Lahor shi na fi so, kuma in ni ne kai a nan zan zuba ƙarfina. Lehna Singh ɗan riƙo ne ga wani sardar, Gurbakhsh Singh, Gujjar Singh kuma jikan wannan sardar ne ta wajen 'ya mace. Da tsohon ya mutu suka yi faɗan gado, aka raba musu biyu, suka dawo aminai. A Afrilun 1765 su biyu da Sobha Singh na Kanhaiya suka shiga Lahor suka raba birnin uku, aka buga kuɗi da sunan Guru Nanak da Guru Gobind Singh, jagororin addinin Sikh, babu sunan ko ɗaya daga cikin sardar ukun a jiki. Ka dubi wannan da kyau. Shekara uku kacal kenan bayan kisan kiyashin Fabrairun 1762 da Abdali ya yi wa mabiya Sikh kusa da Malerkotla, inda dubbai suka halaka, har mata da yara. Da Abdali ya dawo, an ruwaito manyan Musulmin Lahor da kansu suka shaida masa adalcin Lehna Singh, har suka ce rawuna yake raba wa alƙalai da limamai da Sallah. Abdali ya aika masa busassun 'ya'yan itace da tayin gwamnan Lahor. Lehna ya mayar, ya haɗa da hatsi, ya ce kayan marmari na sarakuna ne, shi soja ne, wannan ne abincinsa. Ka sa labarin, malamai na sonsa, amma ka rubuta "an ruwaito". Kuma kada son labari ya sa ka mayar da su waliyyai. Ganima suka ci, garuruwa suka wawashe, Kasur shaida ce. Ƙauyuka kuma na biyan su rakhi, kashi ɗaya cikin biyar na amfanin gona, don a tsare su daga mahara, wani lokaci daga su kansu masu karɓar rakhin.

Gujrat ta Gujjar Singh ce, ya ƙwace ta a 1765 daga Muqarrab Khan na Gakhar. Gujrat ta Pakistan nake nufi, kada ka haɗa ta da jihar Gujarat ta Indiya, wannan ma ramin na faɗa. Ɗansa Sahib Singh ya auri 'yar Charat Singh, wato gwaggon Ranjit Singh, amma surukutar ba ta hana su zare wa juna takobi ba.

In aka tambaye ka me ya kayar da su, kada ka ce Ranjit Singh kawai ka yi shiru. Shi ya zo ya tarar da bango ya tsage. Gujjar ya mutu 1788, Lehna 1797, magadansu ba su kama ƙafarsu ba. Da Shah Zaman, jikan Abdali, ya kawo hari suka bar Lahor suka gudu. Manyan birnin, Musulmi da Hindu da Sikh, su suka aika wa Ranjit Singh ya zo, ya shiga a Yulin 1799 tare da surukarsa Sada Kaur, bai cika shekara 19 ba. A 1800 Gulab Singh na Bhangi, mai riƙe da Amritsar, ya tara gayya kan Ranjit Singh a Bhasin, aka yi kusan wata biyu ana kallon-kallo, giya ta kashe shi, gayya ta watse. Matarsa Mai Sukhan ce ta tsaya wa Amritsar da ɗanta ƙarami Gurdit Singh har aka fi ƙarfinta. Wasu littattafai 1802 suka rubuta, wasu 1805. Ka zaɓi ɗaya, ka faɗi littafin da ka bi, ka ambaci ɗayan a ƙasan shafi.

Igwarsu Zamzama, da aka ƙera wa Abdali a Lahor, har yau ana ce mata igwar Bhangi, tana nan gaban gidan tarihin Lahor. Tsakanin Amritsar da can kilomita 50 ne ko kusa da haka, amma ban samu bizar tsallakawa ba, a hoto na ganta. Kagararsu ta Amritsar dai na shiga, ita ce Gobindgarh ta yanzu, sunan da Ranjit Singh ya sauya mata. Ranar ma kuɗin tallafin karatuna bai shigo ba, a ɗakin ciyarwar kyauta na Haikalin Zinare, babban wurin ibadar Sikh, na ci gurasa da miyar wake, zaune a ƙasa cikin sahu, kaina ɗaure da ƙyalle.

Kuma don Allah kada ka dogara da sa hannun malami. Ka nemi wani ya karanta maka da babbar murya, kana riƙe da takardar da ka rubuta kowane suna da garinsa da shekarar mutuwarsa. In ka gama shafi biyar na farko ka turo min, zan duba maka da dare bayan Isha. Ka lura da Jassa Singh, su ma biyu ne, Ahluwalia da Ramgarhia, kuma na Ramgarhia ne ya je Bhasin.