Dokina ya kasa ɗaukar lifidi: wane sirri mutanen dā suke da shi?

Tambaya: Assalamu alaikum, Likita. Gidanmu gidan hawa ne a cikin birnin Kano tun kakanni. Bara mahaifina ya rasu, ingarmansa ya dawo hannuna. A Hawan Daushe na ƙaramar Sallah na ɗora masa lifidi, kafin mu iso Ƙofar Kudu ya jiƙe sharkaf, ƙafafunsa na rawa, da dare kuma ya yi ta birgima a barga. Wani mai maganin dawaki ya ce min dawakin zamanin Rumfa wuni suke yi cikin lifidi ba sa gajiya, saboda wani haɗi da ake ɗura musu ta hanci, shi kuma ya gaje shi. Ya ce in ninka masa dawa kafin babbar Sallah. Ina tsoron dokin mahaifina ya mutu a hannuna. Me zan yi?

Amsa: Wa'alaikumus salam. Allah Ya jiƙan mahaifinka, Ya sa ya huta. Ɗana, kafin komai: kada ka bari a zuba wa dokin nan ko da cokali ɗaya na wani abu ta hanci, kuma kada ka ƙara masa dawa.

Tunda da tarihi aka zo maka, mu shiga tarihin. Littafin tarihin sarakunan Kano ya ce Sarki Kanajeji, wanda ya yi mulki daga 1390 zuwa 1410, shi ya fara shigo da lifidi da sulke da kwalkwali na ƙarfe. Littafin nan dai, da ya zo lissafa abubuwan da Muhammadu Rumfa (1463 zuwa 1499) ya ƙirƙiro, ya ambaci dawakin zagi. Ka tsaya a nan ka yi tunani. Me ya sa sarki zai fita da dawaki a jere, da sirdi a bayansu, babu kowa a kai? Yau ado muke ɗaukar abin, amma tushensa buƙata ce: doki yana gajiya, sai a sauka a hau wani. Sarkin da mai maganinka ke jingina haɗinsa gare shi, shi ne aka san shi da jan dawakin canji. Haka ma a Turai a wancan zamani, jarumi ba ya hawan dokin yaƙinsa a kan hanya. Yana kan na tafiya, yaronsa na janye da na yaƙin, sai an ga abokan gaba. Mayaƙan Mongol kuwa kowanne da dawaki da dama yake fita. Masana a Jami'ar Exeter ta Ingila sun auna ƙasusuwan dawakin Ingila na wancan lokaci, suka fitar da sakamako a 2021: yawancinsu ba su kai mita ɗaya da rabi a kafaɗa ba, abin da mu za mu kusa kira ƙuru.

Sirrin mutanen dā dukiya ce da yawan hannu. Doki ɗaya yana da mai yankan ciyawa, mai ɗebo ruwa, mai share barga, mai fita da shi kilisa. Shi ya sa sarauta ta ginu a kansa: Madaki, Ubandawaki, Sarkin Dawaki Mai Tuta, Sarkin Dawakin Tsakar Gida, da Shamaki mai kula da bargar sarki. Talaka jaki gare shi, in ya samu. Duk da wannan hidima dawakin mutuwa suke yi, musamman in an nausa kudu inda tsando yake, sammore ya kama su, don haka kullum sai an sayo sababbi. Masanin tarihi Al-Umari ya rubuta a ƙarni na 14 cewa sarkin Mali na da mahaya 10,000 cikin mayaƙa 100,000, kuma yana sayen dawakin Larabawa da tsada. Matafiyi Hasan al-Wazzan, wanda Turawa ke kira Leo Africanus, ya ce a farkon ƙarni na 16 sarkin Borno yana biyan fataken Arewacin Afirka bayi 15 zuwa 20 a kan doki ɗaya. Kanajeji ma dawaki yake aika wa Kwararrafa, su aiko masa da bayi. Wannan ɓangare yana yi mini nauyi duk lokacin da na karanta shi, 'yan Adam ashirin a bakin dabba ɗaya. Amma ka ga, da akwai haɗin da ke hana doki gajiya da mutuwa, babu sarkin da zai riƙa biyan wannan farashi shekara bayan shekara.

Yanzu ɗurin hanci. Na gaji da ganin abin nan, wallahi na gaji. Kusan duk bayan Sallah sai an kira ni kan dokin da aka ɗaga wa kai da igiya a jikin reshe, aka cusa masa bakin kwalba a hanci, aka tuttula masa jiƙon kanwa da sassaƙe, wani har da manja ko man gyaɗa. Hanci hanyar iska ce. Dokin da aka ɗage wa kai yana fizge-fizge ba ya iya haɗiya yadda ya kamata, ruwan sai ya bi maƙogwaron iska ya sauka cikin huhu. Mai kuma in ya shiga huhu ba ya fita. Kwana biyu ko uku sai zazzaɓi, sai tari, sai numfashi mai wari, sai majina ta ɓalle. A lokacin mai maganin ya karɓi kuɗinsa ya tafi, in aka neme shi ya ce sammu ne ko kambun baka, maƙiya sun ga dokin ya yi kyau a hawa. Na taɓa buɗe ƙirjin wata goɗiya da ta mutu bayan irin wannan ɗuri, na tarar da garin sassaƙen a cikin huhunta, mai ita yana tsaye yana rantse mini jifa aka yi mata.

Abin da ke rikita mutane shi ne sun ga likita ma yana bi ta hanci. Gaskiya ne, amma dogon tiyo muke zurawa, mu jira dokin ya haɗiye shi, mu tabbatar ya bi hanyar abinci ya isa tumbi, sannan mu zuba. Wanda ya hango wannan daga nesa ya ɗauki kwalbar lemo ya ce shi ma ya iya, kashe dabba yake yi. Kuma ko a ce kakansa ya yi wa dokin sarki haka, huhun doki bai canja ba daga zamanin Rumfa zuwa yau.

Dawa ita ce ta biyu. Tumbin doki ƙarami ne, bai wuce lita 15 ba, kuma doki ba ya amai. In aka narka masa hatsi a tashi ɗaya, sai ya wuce hanji bai narke ba, ya yi tsami, iska ta taru, ga ciwon ciki. Birgimar da ka gani da dare alamarsa ce, tare da waiwayen ciki da tonon ƙasa da ƙafa. Wani lokaci gubar kan sauka kofato, naman cikinsa ya kumbura, doki ya kasa taka ƙasa. Allurar dexamethasone da wasu ke dirka wa dawaki don su murje ita ma tana iya jawo wannan. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce alheri a ƙulle yake a makwarkwaɗar dawaki har ranar ƙiyama, ya kuma ba mu labarin matar da ta shiga wuta saboda kyanwa. Dabbar da ba ta iya kai ƙara, mai ita za a tambaya.

Ga abin da za ka yi. Ka kai shi asibitin dabbobi a duba haƙoransa, zuciyarsa, kashinsa da jininsa, domin dokin mahaifinka ba yaro ba ne. A ce nauyinsa kilo 350 ne, kada kai da sirdi da lifidi ku wuce kilo 70. In kun wuce, ka hau da jalala kawai. Ciyawa da harawa su zama tushen abincinsa, kamar kilo 6 zuwa 7 a rana, dusa da hatsi kaɗan kaɗan a raba sau uku. Ruwa kada ya yanke, a lokacin zafi yana iya shan lita 40 ko fiye. Ka fara fita da shi kilisa da asuba tun yanzu, kana ƙara nisa mako mako. In ya sake birgima, ka ɗauke abinci daga gabansa, ka riƙa zagayawa da shi a hankali, ka kira likita a daren, kada ka jira gari ya waye.