Tambaya da Amsa: Zinariyar da aka ce Turawa sun binne a bayan Jado

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni matar aure ce a Damagaram. Maigidana ya haɗu da wani mutum da ya ce yana da taswirar wani wuri a bayan Jado, can cikin hamadar arewacin Nijar, inda sojojin Faransa suka binne akwatunan zinariya kafin su bar ƙasar. Ya zo da wata na'ura mai eriya biyu, ya ce tana jiyo zinariya daga nisan kilomita 5. Ya sa aka binne zobena a tsakar gida, na'urar kuwa ta nuna wurin. Yanzu maigidan yana shirin sayar da gonar gado domin kuɗin mota da mai da guzuri, ni kuma barci ya ƙaurace mini. Shin akwai gaskiya a wannan magana?

Amsa daga masanin duwatsu da ma'adinai: Wa alaikumus salam Hajiya. Damuwarki tana kan hanya, kuma kada a sayar da gonar. Zinariyar Jado gaskiya ce, tun da aka gano ta a watan Afrilun 2014 dubban mutane daga Nijar da Chadi da Sudan suka kwarara can, har gwamnati ta rufe wurin a farkon 2017. A Cibarakaten kuma, kusa da iyakar Aljeriya, zinariyar tana cikin jijiyar farin dutse ne, sai an haƙa rijiya mai zurfi an fasa dutsen an niƙa. Wannan gaskiyar ce ɗan damfara yake jingina ƙaryarsa da ita, domin kowa a Agadas da Damagaram ya san wani da ya tafi da 'yar jaka ya dawo ya gina gida.

Batun akwatunan Turawa ba zai ci mana lokaci ba. A 1940 an kwashe zinariyar babban bankin Faransa zuwa Dakar, daga nan aka wuce da ita Kayes a ƙasar Mali ta yau, amma a ƙidaye take akwati bayan akwati, kuma an fitar da ita daga baya. Mutanen da suka riƙa rubuta harajin kowane raƙumi a littafi ba su ne za su manta da dukiya a cikin yashi ba. Irin wannan labari ma kowace hamada tana da nata. A jihar Arizona ta Amurka, wani Bajamushe mai suna Jacob Waltz ya mutu a 1891, aka ce ya bar kwatancen wata ɓoyayyiyar mahaƙa a duwatsun Superstition. Har yau ba a same ta ba, abin da aka samu shi ne gawarwakin masu nema, irin su Adolph Ruth da ya ɓace a 1931. A wannan shekarar ce kuma Harold Lasseter ya mutu a hamadar Ostareliya yana neman wata jijiyar zinariya da ya ce ya taɓa gani a ƙuruciya. Kullum mai sirrin mutum ɗaya ne, kullum ya mutu ko ya mance hanya, kullum kuma akwai taswirar da sai an biya kuɗi. Kayan ayarin da aka tono da gaske a Sahara, waɗanda Théodore Monod ya gano a hamadar Muritaniya a 1964, ba zinariya ba ne, sandunan tagulla ne kimanin 2,000 da tarin kuɗin wuri.

Yanzu ga abin da ya fi damuna, wato na'urar nan mai eriya, domin kusan kullum sai wani ya turo mini hotonta yana tambayar farashi, kuma na gaji da ganin yadda take cinye gonaki da sadakin mutane. Zinariya ba ta fitar da komai. Ba ta da wari, ba ta da zafi, ba ta jan maganaɗisu, ba ta aika wani saƙo ta iska da eriya za ta kama. Na'urar neman ƙarfe ta gaskiya, mai faifai a ƙasa wadda 'yan Jado suke ratayawa suna shara da ita a kan tsakuwa, ita ce take tura ƙarfin maganaɗisu cikin ƙasa, sannan ta saurari abin da ƙarfen ya mayar mata. Wannan amsa tana raunana da sauri ƙwarai gwargwadon nisa, shi ya sa ƙwaya kamar ta masara sai tana cikin taƙi guda ko ƙasa da haka ake jin ta, babban dunƙule kuwa da ƙyar ya wuce mita guda. Ko a hakan ma na'urar tana yi wa kwanson harsashi da dalma da guntun gwangwani kuka, sai an tona ake sanin abin da ke wurin. To idan na'urar da ake saye da miliyoyin sefa iyakarta ke nan, ta yaya wasu 'yan wayoyi biyu a kan mariƙin roba za su jiyo zinariya daga kilomita 5?

Abin da kika gani a tsakar gidanki yana da bayani mai sauƙi. Eriyar tana zaune ne a kan ƙusa mai santsi, ko yaya aka karkata wuyan hannu sai ta juya, karkatar da ido ba ya gani. Mutumin yana tsaye aka binne zoben, ko ya hango sabuwar ƙasa, ko ya karanta inda idanunku suke komawa. Wasu daga cikin masu riƙe ta ma ba su san hannunsu ne ke juya ta ba, su ma sayar musu aka yi, kuma waɗannan sun fi haɗari domin rantsuwarsu har zuci ce. Kada maigidanki ya ji kunya don an ruɗe shi, an ruɗi waɗanda suka fi shi. Wani Bature mai suna James McCormick ya sayar wa jami'an tsaron Iraƙi irin wannan na'ura da sunan mai gano bam, aka dogara da ita a shingayen bincike na Bagadaza, har wata kotu a Ingila ta ɗaure shi shekara 10 a 2013 bayan an tabbatar babu abin da take ganowa. Da na'ura mai jiyo zinariya daga nesa tana nan, kamfanin da ya buɗe mahaƙar Samira a jihar Tillaberi a 2004 da bai ɓata shekaru yana huda ƙasa yana aika dutse ɗakin gwaji domin a auna giram nawa ke cikin tan guda ba. Kuma ina mamakin yadda ake tallan waɗannan na'urori a Facebook da kasuwanni a fili, ba tare da wani ya tambayi mai sayarwa takarda ba.

Na san abin da zai biyo baya idan aka je aka tona ba a samu komai ba. Za a ce zinariyar ta gudu, aljanu sun ɗauke ta, sai an kawo baƙin bunsuru da turare da kuɗin wani malami. Ba na musun samuwar aljanu, amma ban taɓa ganin an kira su ba sai bayan kuɗin farko ya ƙare ana neman na biyu. Kafin nan kuma eriyar ta riga ta janye mota daga hanyar da direbobi suka sani, ta nisanta ta da rijiya. A watan Oktoban 2013 an tsinci gawarwaki 92 a arewacin Arlit, yawancinsu mata da yara, waɗanda ƙishirwa ta kashe bayan motocinsu sun lalace. Wanda ya bi taswirar ƙarya ba shi da wanda zai san inda za a neme shi.

Kada ki yi jayayya da maigidan a gaban baƙon. Ki nemi yayansa ko limamin unguwarku, ki roƙi a yi gwaji guda kafin a kira dillalin gona. A samo gwangwanayen madara 10 a cika su da yashi, mutumin ya fita waje, yaro ya tura zoben cikin ɗaya, sannan yaron da duk wanda ya gani su bar wurin. A jera su da tazara, a kira shi ya nuna, a maimaita sau 10. Da sa'a kawai zai dace kamar sau ɗaya. Idan ya ce rana ta yi zafi, ko batir ya yi sanyi, ko akwai mace a wurin, to a tambaye shi dalilin da ya sa mai taswirar akwatunan zinariya yake buƙatar kuɗin man wani.