Filin Shari'a: Abokin tarayya ya fara gini, ko kotu za ta tsayar da shi?

Tambaya: Mu uku muka haɗa kuɗi muka sayi fili, sunayenmu duka suna kan takarda. Yanzu ɗayanmu ya haƙa harsashi a gefen da ke bakin titi, kuma mun ji yana kawo masu saye. Kotu za ta iya taka masa birki kafin a gama shari'a?

Amsa: Za ta iya, Malam. Abin da za ku nema shi ne umarnin dakatarwa na wucin gadi. Aikinsa ɗaya ne: ya bar filin yadda yake har alƙali ya yanke hukunci. Ba ya ba kowa gaskiya, kuma ba ya tsayuwa shi kaɗai. Sai kun shigar da babbar ƙara, wadda a halinku ita ce neman a raba filin, sannan lauyanku ya haɗa buƙatar dakatarwar da takardar rantsuwa.

Muddin ba a yi rabo ba, kowannenku yana da haƙƙi a kowane taku na filin. Wannan ne ƙarfinku, domin babu wanda ya isa ya zaɓi gefe mai tsoka ya ce nasa ne. Shi ne kuma rauninku, tunda shi ma mai fili ne, kotu ba za ta ɗauke shi a matsayin mai kutse ba.

Kotunan ƙasashe da yawa suna bin ma'aunin da aka shimfiɗa a Ingila a shari'ar American Cyanamid da Ethicon ta 1975. Alƙali zai duba ko akwai batu na gaske da ya cancanci a saurara. Takardar sayen ta isar muku a nan. Zai duba ko diyyar kuɗi za ta iya share ɓarnar daga baya. Sannan ya auna wa zai fi cutuwa, ku idan aka ƙi, ko shi idan aka bayar. A mataki na biyun nan, wato batun diyya, buƙatu da yawa ke faɗuwa, don haka takardar rantsuwarku ta fito da shi fili: gini na dindindin zai canja yanayin filin ya dagula rabo, sayarwa kuma za ta jawo baƙo cikin rigimar. Ku haɗa hotuna masu kwanan wata, da wasiƙar gargaɗin da kuka aika masa. Ku faɗi komai, har abin da bai yi muku daɗi ba. Idan kun taɓa amincewa da ginin da baki kuka ɓoye, ranar da ta fito za a janye umarnin.

Kada ku yi jinkiri, wannan shi ya fi damunmu. Kotu ba ta dakatar da abin da aka riga aka kammala, kuma wanda ya zuba ido har gini ya kai linta zai sha wuyar nuna gaggawa. Idan abin ya matsa, ana iya ba da umarni ba tare da an ji ɗaya ɓangaren ba, amma na 'yan kwanaki ne, bakwai ko sha huɗu a wasu kotuna, kafin a kira shi ya kare kansa. Ku sani kuma za a sa ku ɗauki alkawarin biyansa diyya idan ta bayyana ba ku da hujja.

Batun sayarwa kuwa, a mafi yawan dokoki yana iya sayar da kasonsa da ba a ware ba, amma ba zai nuna wani gefe ya ce shi ya sayar ba. Inda ake aiki da shari'ar Musulunci, kuna da haƙƙin shufa'a, wato ku karɓi kason a kan kuɗin da aka sayar.

Tambaya: Ni da yayata muka mallaki gida, ita ke ciki tana karɓar kuɗin haya ita kaɗai. Zan iya samun umarnin fitar da ita?

Amsa: Da wuya, Malama. Kotu ba ta cika fitar da abokin tarayya da umarnin wucin gadi ba, domin hakan tamkar yanke hukunci ne tun ba a ji shaidu ba. Ki nemi a hana ta sayarwa ko jinginar da gidan, a kuma umarta a riƙa ajiye kuɗin haya a kotu, ko a naɗa wani amintacce ya riƙa karɓa yana ba da lissafi har a yi rabo.

Tambaya: An ba mu umarni amma magina ba su daina aiki ba.

Amsa: Ku fara tabbatar da cewa ma'aikacin kotu ya miƙa wa wanda kuka yi ƙara takardar umarnin hannu da hannu, kuma shaidar hakan tana cikin fayil. In babu ita, tuhumar raina kotu ba ta zuwa ko'ina. In akwai, ku ɗauki sababbin hotuna, lauyanku ya shigar da tuhumar. Hukuncinta na iya kaiwa tara ko ɗauri, kuma kotu na iya sa a rushe abin da aka ɗora bayan umarnin. Kada ku je ku rushe da kanku, domin za ku koma waɗanda ake tuhuma.