Tambaya da Amsa: Ruhi, kurwa, da kiɗan da Amurkawa ke kira sol

Assalamu alaikum masu karatu. Wasiƙu uku muka ware wannan makon don duk a kan ruhi suke, sai dai kowa da ƙofar da ya shigo.

TAMBAYA: Ni ɗaliba ce a jami'a, wani lakcara ya ce mana wai masana da yawa yanzu sun ce babu wani abu wai shi ruhi, duk aikin ƙwaƙwalwa ne. Wallahi abin ya tsaya min a rai. Dan Allah me mutanen da suka ce a kai, kuma shine kurwar da kakanninmu ke faɗa? Daga wata ɗaliba a Zariya.

AMSA: Malama kwantar da hankalinki, wannan gardamar ta girmi lakcaranku ta girmi jami'ar ma baki ɗaya. An yi wa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, wannan tambayar kuma amsar tana Suratul Isra'i aya ta 85, aka ce ya ce ruhi daga al'amarin Ubangijina ne, kuma ba a ba ku ilimi ba sai kaɗan. Kinga an rufe ƙofar sanin haƙiƙarsa kenan, amma ba a rufe ta sanin halinsa ba, shi ya sa Alƙur'ani ya yi maganar rai mai yawan umarni da mummuna a Suratu Yusuf, da mai yawan zargin kansa a Suratul Ƙiyama, da natsattse a Suratul Fajr, sannan a Zumar aya ta 42 aka haɗa barci da mutuwa wuri ɗaya. Hadisin Ibn Mas'ud kuma ya kawo kwana arba'in sau uku a cikin mahaifa kafin mala'ika ya busa rai, inda malamai suka samo lissafin kwana 120.

Ba mu kaɗai ba ne kuma. Mutanen Masar na zamanin Fir'auna sun yi imani za a auna zuciyar mamaci a sikeli da gashin tsuntsu guda ɗaya. Aflatun na Girka ya ce rai ba ya mutuwa, jiki ne ke riƙe da shi na ɗan lokaci, ɗalibinsa Aristotal ya saɓa masa ya ce rai shine abinda ya sa jiki yake rayayye yake aikinsa, har tsiro ma yana da nasa daidai shi. A Indiya 'yan Hindu suka ce ran yana sauya jiki bayan jiki, Buda ya zo ya ce babu ma wani tsayayyen rai a cikin mutum. Wanda ni ya fi burge ni shine Ibn Sina, wanda ya rasu a 1037, ya ce ki ƙaddara an halicci mutum yanzu yanzu da cikakken hankalinsa yana rataye a iska, ido a rufe, ba ya jin sauti, gaɓoɓinsa ba sa taɓa juna, to ko ya san yana nan? Ya ce tabbas zai sani, alhali bai san yana da hannu ko ƙafa ba, kenan abinda ke cewa "ni" ba jikin ba ne. Likita ne fa mai wannan maganar, ba wai bai san ƙwaƙwalwa ba.

Abinda lakcaranku ya faɗa yana da asali. Edward Tylor na Ingila a 1871 ya ce mafarki da mutuwa ne suka sa mutanen farko tunanin akwai wani abu da ke fita daga jiki, Emile Durkheim na Faransa a 1912 ya ce a'a, al'umma ce da tarbiyyarta ke zaune a cikin mutum shine yake ji kamar wani abu mai tsarki. Masu binciken ƙwaƙwalwa kuma gaskiya sun nuna cewa in wani sashe ya samu rauni hali da tunani na canzawa, wannan ba abin musu bane. Amma daga nan zuwa cewa babu ruhi, wannan tsallen ra'ayin falsafa ne, na'ura ba ta auna shi ba, kuma kina da damar faɗa masa haka cikin ladabi.

Ita kurwa daban take a yadda Bahaushe ya ɗauke ta, ana cewa maye na kama ta mutum ya yi ta ramewa yana raye. Abinda ke ci min rai a nan shine tsofaffin matan da ake jifa da maita a ƙauyuka a yi musu duka wani lokaci har kisa, saboda yaro ya yi zazzaɓi ya ambaci suna cikin magagi. A kai yaro asibiti dan Allah, zazzaɓin cizon sauro in ya hau kai yana sa sambatu.

TAMBAYA: Malam ina yawan ganin wani kiɗan baƙaƙen Amurka a YouTube ana kiransa sol, aka ce min ma'anarsa ruhi. Shin kiɗan addininsu ne, ko irin na bori ne da ake kiran iskoki? Daga wani matashi a Damagaram.

AMSA: Ɗan uwa ba bori bane, kuma ba kiɗan ibada bane duk da a coci aka haife shi. Amma sai mun koma baya kafin ka gane dalilin sunan, ka yi haƙuri amsar za ta yi tsawo.

Lokacin da Turawa suka shiga nahiyar Amurka an yi gardama ta gaske kan ko mutanen da suka tarar cikakkun mutane ne, har sai da Fafaroma Paul na uku ya fitar da takarda a 1537 ya ce mutane ne masu hankali bai halatta a bautar da su ba, a 1550 kuma aka zauna muhawara a garin Valladolid na Sifaniya kan ko ya halatta a yaƙe su a mallake su. Su kuma 'yan Afirka da aka kwasa a jiragen ruwa an yi musu wata dabara ce, aka yarda suna da rai amma aka raba shi da jikin, a 1667 majalisar Virginia da ke Amurka ta yi doka cewa ko an yi wa bawa baftisma yana nan a bawansa. Ma'ana ranka na Allah ne, jikinka na ubangidanka, ya sayar ya yi jingina ya bar wa 'ya'yansa gado. Ka tsaya ka auna wannan.

To mutanen da aka yi wa haka inda kawai suka samu su buɗe baki shine wajen ibada da wajen aikin gona, sai suka riƙa rera waƙoƙi kan Annabi Musa da Fir'auna da ƙetare kogi, mai bayarwa ya bayar jama'a su amsa, da tafi da buga ƙafa, salon da duk wanda ya taɓa jin 'yan amshi a ƙasarmu zai gane shi nan take. An haramta bauta a Amurka a 1865 amma wariya ta ci gaba, makaranta daban, kujerar mota daban, har famfon shan ruwa daban. A 1903 masanin zamantakewa W.E.B. Du Bois ya fitar da littafinsa kan rayukan baƙar fata, kuma da gangan ya sa rayuka a sunan littafin, kowane babi ya buɗe shi da ɗan layin kiɗa daga waƙoƙin bayin nan, ya ce baƙin Ba'amurke kullum ji yake shi mutum biyu ne a jiki ɗaya, yana kallon kansa da idon wanda ya raina shi. A ganina nan ne maganar ruhi ta bar hannun malaman addini da 'yan falsafa ta zama maganar haƙƙi.

Kiɗan kansa sai bayan 1950 ya fito. Ray Charles, makaho ne tun yana yaro, a 1954 ya ɗauki karin wata waƙar coci ya cire sunan Yesu ya sa maganar mace, masu wa'azi suka yi masa ca suka ce ya kai kayan Allah gidan rawa. Sam Cooke tauraro ne a ƙungiyar mawaƙan coci, da zai fara waƙar soyayya sai da ya ɓoye sunansa don tsoron abinda jama'arsa za su ce, amma muryar ta tona shi. Shi ɗin ne a 1963 wani otal a Shreveport ta jihar Louisiana ya hana shi ɗaki saboda launin fatarsa, da ya yi magana aka kama shi, bayan nan ya yi waƙarsa mai cewa canji na nan tafe, aka harbe shi a Disamban 1964 yana da shekara 33, waƙar ta zama ta masu gwagwarmaya. Aretha Franklin 'yar fasto ce a Detroit, babanta abokin Martin Luther King ne, jagoran gwagwarmayar 'yancin baƙar fata, a 1967 ta ɗauki waƙar Otis Redding inda miji ke neman a girmama shi in ya dawo gida, ta juya ta ya zama mace ce ke neman girman, mata suka ce tasu ce, baƙar fata baki ɗaya ma suka ce tasu ce. James Brown kuma a 1968, shekarar da aka kashe King, ya tara yara suna amsa masa cewa su baƙaƙe ne kuma suna alfahari da hakan. Kamfanoni biyu ne suka fi ɗaukar nauyin abin, Motown na Berry Gordy a Detroit tun 1959 mai sumul sumul don ya shiga gidajen fararen fata, da Stax a Memphis mai kaushi da ƙahonni, ni na Memphis ɗin ya fi shiga jikina. Zuwa 1969 har mujallar Billboard ta sa wa jadawalin waƙoƙin baƙar fata wannan sunan, abincinsu ma da junansu da shi suke kira.

Kenan da suka ce sol, cewa suke mu ɗin da kuka rubuta a littafin kaya muna da abinda ba ku saya ba, ga shi ku ji. Kuma kada mu karanta wannan muna ganin laifin Bature kaɗai, an sayar da mutane a kasuwannin Kano da Damagaram, sai 1936 aka kammala haramta bauta a dokar Arewacin Najeriya, a Nijar kuma sai 2003 aka mayar da ita laifin da ake ɗaure mutum a kai, kuma har gobe akwai gidajen da ake fasa aure saboda an ce yaro jinin bayi ne, mutanen da suke sahu ɗaya a masallaci.

TAMBAYA: Ina saurayi na ji wannan kiɗan na sol sosai a nan Gana, jikokina ba sa yarda. Ka faɗa musu ya zo mana ko bai zo ba? Kuma mene ne hukuncin jinsa? Daga wani dattijo a Nima, Akara.

AMSA: Baba Allah ya ƙara lafiya, ku ce wa jikokin gaskiyarku ce. Ranar 6 ga Maris 1971, ranar bikin 'yancin Gana, an yi gagarumin wasa a dandalin Black Star nan Akara, Wilson Pickett ya zo, Ike da Tina Turner sun zo, Roberta Flack da Santana ma, aka kwana ana yi har aka mayar da shi fim. Kafin nan James Brown ya zo Legas a ƙarshen 1970, kuma tun kafin shi Geraldo Pino ɗan Saliyo ya riga ya cika gidajen rawa na Akara da Legas da wannan salon, Fela da kansa ya faɗi yadda mutumin ya girgiza shi, sai da ya je Amurka a 1969 ya dawo ya tsayar da nasa kiɗan.

Maganar hukunci kuma Baba ba ta wannan filin ba ce, saɓani ne tsoho, da yawan malamai sun hana kayan kiɗa, Ibn Hazam ya halatta, Gazali ya ce a duba abinda sautin ke motsawa a zuciyar mai ji da kuma abinda ake faɗa a waƙar. Ku tuntuɓi malamin da kuka amince da iliminsa a nan zango, ku gaya masa irin waƙar da kalamanta don kada ya yi fatawa a kan abinda bai ji ba.