Siminti a kan bangon ƙasa? Zauna ka ji

Jiya ka tare ni da waya a hannu, wai ka ga hotunan littafin wani mai zanen gini, kana tambaya ko littafi ya isa ya zaɓar wa magini kayan aiki, kuma me ya hana mu shafe bangon ƙasa da siminti mu huta da yaɓen kowace shekara. Na yi maka shiru ne don ka taɓo mini tsohon miki.

Mutumin da ka nuna mini na san labarinsa tun ba a haife ka ba. Hasan Fathi ne, Bamisire, an haife shi a 1900, ya rasu a 1989. Shi ya zana Sabuwar Gurna kusa da Luksor daga 1945, da tubalin ƙasa, ya ɗauko maginan Nuba masu ɗaure kubba ba tare da tokara ba, daga baya ya rubuta littafi kan gina wa talaka gida. Ba na raina shi. Amma can inda ya yi ginin sai a shekara ba a ga ruwan kirki ba. Damagaram fa? Ka san yadda Agusta ke zuwa mana, ruwa da iska daga gabas, kamar ana watsa wa bango da bokiti.

Sama da shekara ashirin ke nan wani Alhaji a Zango ya kira ni da irin wannan littafi a hammata, na Faransanci. Wallahi bai karanta ba, hotuna yake kallo. Ya ce kubba uku yake so, da bango sumul. Na duba filin, kwari ne. Na ce a tayar da tushe da dutse zuwa gwiwa, garin da dutse ke kwance ko'ina kamar shanu a makiyaya. Ya ce kuɗin mota ya yi yawa. Na ce to a bar ni in yi makuba, shafenmu na gargajiya mai kare bango daga ruwa, in sa indararo masu tsawo su jefa ruwa nesa da gindin bango. Ya ce makuba aikin ƙauye ne, indararo kuma zai ɓata masa fuskar gida, ai babu shi a hoton. Siminti za a shafa.

Laifina ɗaya, na yarda. Auren ƴata ya matso, ina neman kuɗi ido rufe.

Daminar farko lafiya lau, har yana kawo abokai kallo. Sai rani ya zo. Ƙasa da siminti ba sa motsi tare idan rana ta gasa su, shafen ya yi tsaga sirara kamar gashi. Ruwa ya shiga ta nan, ya rasa hanyar fita, don siminti ba ya barin bango ya yi numfashi. Na je da kaina na ƙwanƙwasa da bayan yatsa, na ji yana amsawa kamar ƙwarya a kife. Na ce Alhaji a ɓamɓare tun da sauran lokaci. Ya ce dabarar neman sabon aiki ce. Daren wata Laraba a damina ta biyu ɓangare guda kamar ƙyauren zaure ya zubo, ya tafi da rabin kaurin bangon gabas, kubba ɗaya ta tsage. Allah ya tsare ba kowa a ɗakin.

Jikka ɗari huɗu nake binsa a lokacin. Ya zauna a majalisa ya ce na sace siminti na cika yashi. Ni! Bijimaina biyu na sayar na sallami lebura, na yi shekara ba wanda ya kira ni ko gyaran katanga. Har yau in ya wuce ni a mota wajen Kasuwar Dole sai ya ɗaga mini hannu, kamar ba a yi ba.

Ka tambayi yadda ake haɗa makubar? Ɓawon ɗorawa ne ake jiƙawa, sauran kuma wanda ya yi wata shida yana kwaɓa mini ƙasa bai kamata ya tambaya ba. Ku yaran yanzu ba ku iya barin kwaɓi ya kwana uku ya ruɓa, kuna sauri ku koma danna waya. Azarar giginya ma ba ku bambanta ta da icen dogon yaro sai gara ta nuna muku.

In karatu kake so, fadar Sarkin Damagaram tana nan a Birni tun zamanin Sarki Tanimu, je ka dubi kaurin bangonta daga ƙasa zuwa sama. Falke Barmu da ya fara masallacin ƙasa na Yama, can yankin Tawa, a 1962 manomi ne magini, aikinsa ya ci lambar yabon gini ta Aga Khan a 1986. Ka karanta Bamisirenka, ban hana ba, amma kada ka kawo mini hoto bakin aiki.

Gobe bayan asuba ka biya marina ka karɓo mini katsi, dattin ramin rini da muke haɗa shafe da shi, buhu biyu, na riga na biya. Ka bar wayar a gida.