Fatawa: Ko duk kalmar da ta zo a Alƙur'ani ana raɗa wa yaro ita?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni mazaunin Tudun Wada ne a Zariya. Maiɗakina ta haifi 'ya mace, jibi suna. Ta ga sunan Hawiya a Facebook, wai yana cikin Alƙur'ani, ma'anarsa mai ɗaukaka. In raɗa mata shi?

Amsa: Wa alaikumus salam. Allah ya raya, ya ba mai jego lafiya. Malam, kada ka raɗa.

Gaskiya ne kalmar tana cikin Alƙur'ani, a Suratul Ƙari'a aya ta 9, amma an faɗe ta ne a matsayin makomar wanda ma'auninsa ya yi sauƙi, kuma aya ta 11 ta bayyana cewa wuta ce mai tsananin zafi. Zuwan kalma a Littafin Allah ba ya mayar da ita sunan kirki. Ai Fir'auna da Hamana ma suna ciki.

Annabi (SAW) ya kasance yana canza mummunan suna. Muslim ya ruwaito cewa wata 'yar Sayyidina Umar ana kiranta Asiya, da haruffan Larabci aini da sadi, wato mai saɓo, sai ya mayar da ita Jamila. Asiya matar Fir'auna kuwa, muminar da Allah ya buga misali da ita, da alif da sin ake rubuta nata. A boko duka biyun rubutunsu ɗaya, kuma nan ne masu jera sunaye a intanet suke tafka kuskure: wannan ya kwafo daga wancan, babu wanda ya ga asalin. Annabin da yake canza mummunan suna bayan an saba da shi, yaya zai yarda a fara raɗa irinsa da gangan? Mafi ƙarancin hukuncinsa karhanci ne mai tsanani, ga kuma gorin da yarinya za ta sha ran da 'yan ajinsu na Islamiyya suka kai wannan sura.

Bincike kuwa nauyin uba ne. A rubuta maka sunan da harafin Larabci, ka kai wa malamin lugga ya duba manyan ƙamusoshin Larabci irin su Ƙamus ko Lisanul Arab. Mutumin Zazzau ba shi da uzuri a nan, ga zaurukan cikin birni, ga Sashen Larabci na Jami'ar Ahmadu Bello.

Ba sharaɗi ba ne suna ya zama na Larabci. Ibrahim ba Larabci ba ne, kuma shi Annabi ya sa wa ɗansa. Lakabinmu irin su Talatu da Azumi babu laifi, in ba wanda aka gina a kan camfi ba, kamar Ajuji da ake kiran ɗan wabi don gudun mutuwa.

Ka lallashi maiɗakinka, ba da gangan ta yi ba. In amon sunan ne ya burge ta, ga Hauwa'u nan. Wallahu a'alam.