Amsa: Ɗan wasan da ba jarumi ba, yaya yake daɗewa a sana'ar?

Malam, ka tambaya ko mai fitowa a maigadi, boka ko mai unguwa zai iya rayuwa da wasan kwaikwayo daga nan Sakkwato. Zai iya, amma sai ya iya daɓe (wasa a gaban 'yan kallo), rediyo da fim, don kowanne da hannunsa.

A daɓe ana buɗe murya da faɗaɗa motsi saboda na layin baya. Wanda ya kai wannan gaban kyamara ya ɓata fim, domin ita ko ƙifta ido tana kamawa. A fim kuma ba a bin labari a jere: fitowar ƙarshe ana iya ɗaukar ta da safe, ta farko da yamma. Saboda haka ka riƙe wace hula ka sa, a wane hannu carbi yake. Nan sababbi suka fi faɗuwa.

Rediyo, irin su Rima, murya ce kawai. Bar tazarar tafin hannu tsakaninka da makirfo, kada numfashi ya buge shi, kuma ka cire ƙusar takardunka tun kafin a fara, don ƙarar juya shafi tana shiga.

Babban haɗari shi ne a ɗaure ka a fitowa iri ɗaya. Marigayi Usman Baba Pategi ya ci moriyar hakan, har sunan Samanja ya rufe nasa, amma ba kowa ke dacewa ba. Kuɗin ƙananan fitowa ba ya riƙe gida, kuma yawancin aikin fim yana Kano, don haka kada ka saki sana'arka. Sakkwatancinka ma jari ne, kada ka goge shi.